Abin da zagayawa da baƙi a Zariya ya koya mini

Aikina a wani ƙaramin kamfani shi ne kai baƙi wuraren tarihi: fadar Sarkin Zazzau, Ƙofar Doka da Ƙofar Gayan, ragowar ganuwa, sai Dutsen Kufena. Yawancinsu ɗalibai ne da masu bincike da suka sauka a Jami'ar Ahmadu Bello, sai masu zuwa kallon hawan Sallah.

Babban abin da na gane shi ne, babu wurin tarihin da ke hannun mutum ɗaya. Ganuwa tana cikin kayan tarihin ƙasa, don haka hukumar tarayya mai kula da gidajen tarihi tana da ta cewa. Hanya da tsaro suna wuyan gwamnati. Amma idan fada ba ta san da zuwanka ba, mai unguwa bai ji labari ba, takardar da ka riƙo ba za ta hana a yi maka kallon baƙon ido ba. Kuma shawarar da aka yanke a sama tana iya kwashe cinikin shekara. A 2020 annobar korona ta hana hawan Sallah. Bayan harin jirgin ƙasan Abuja zuwa Kaduna a Maris 2022, waya ta daina shigo mana.

A wannan lokacin na san irin shugabar da Allah ya haɗa ni da ita. Hajiya ba ta kori kowa ba. Ta tara mu ta faɗa mana gaskiyar abin da ya rage a asusu, sannan ta juya akalar aikin zuwa makarantun cikin gari, muna kai yara Kufena a kuɗi kaɗan. Lokacin zaɓe an nemi ta liƙa hoton ɗan takara a motarmu, ta ƙi cikin ladabi, domin gwamnati kan sauya, ita kuwa da kowa za ta yi hulɗa. Kafin mu shiga kowace unguwa ita da kanta ke zuwa gaisuwa, kuma samarin wurin take ɗauka su yi jagora, a biya su a gaban kowa.

Abin da ke ci mini rai shi ne gyara. A Agusta 2023 wani sashe na Babban Masallacin Zariya, ginin Babban Gwani Muhammadu Durugu, ya rufta a kan masallata, aka rasa rayuka. Allah ya jiƙansu. Ganuwa ma kowace damina tana ƙara zaizayewa. Shi ya sa yanzu Hajiya ke haɗa kan masu sana'ar, da dattawan unguwanni, su riƙa kai kukansu ga hukuma da murya ɗaya.