Daren da Baba ya hango Sharlo a Lisbon

A fadarmu ta nan Tawa, bayan isha'i, shayi na kan gawayi, ƙanena da ke karatu a Yamai ya miƙo mini waya. Wai in kalli wani fim ɗin Fotugal na 1930, fari da baƙi, ba mai cewa uffan. Leitão de Barros ne ya shirya shi a kan birnin Lisbon, kuma dabararsa ta burge ni: ya ɗauki tituna da kasuwanni da mutanen gari na gaske, sannan ya cusa ƴan barkwanci irin su Vasco Santana da Beatriz Costa a tsakaninsu. Sai ka rasa wa ke wasa, wa ya fito neman na cefane.

Baba, da kunnensa ya yi nauyi har ya daina zama gaban talabijin, ya jawo tabarma ya leƙo. Can sai ya bushe da dariya.

"Kai, wannan ba Sharlo ba ne?"

"A'a Baba, mutanen Fotugal ne."

"To ɗan ɗakinsa ne."

Ashe tsoho bai yi nisa da gaskiya ba. Tun 1917 wani Emídio Ribeiro Pratas ya yi fim ɗin ban dariya yana kwaikwayon Charlie Chaplin, wanda su Baba suka sani da Sharlo tun zamanin silimar fili. A 1918 kuma kamfanin Invicta Film na birnin Porto ya ɗauko wani Bafaranshe mai shirya fim, Georges Pallu, aikinsa na farko a can shi ma na raha ne, Frei Bonifácio. Daga nan suka karkata ga mayar da manyan littattafan soyayya da hawaye fim. Ni dai a ganina an yi asara, domin kuka sai an karanta maka rubutun da ke fitowa a fim ɗin kafin ka san dalilinsa, shi kuwa santsi, kowa ya ga ƙato ya zame ya gane.

Ƙanena ya ce a 1931 wannan Leitão de Barros ɗin ya fitar da fim ɗin ƙasar na farko mai sauti, ko a nemo? Baba ya kaɗa hannu.

"Bar su da surutunsu, ɗana. Maido mini bebayen."

Muka maido daga farko, har cajin wayar ya ƙare, shayi na uku ya huce ba wanda ya sha.