Kafin ka sayi fiyanon lantarki, kashe muryarsa ka danna

Koyar da kaɗa fiyano ne aikina, yara da manya, kuma tambayar da iyaye suka fi yi mini ita ce, "Malam, wanne za mu saya masa na gida?" Galibi sukan zo da hoto a waya. An riga an nuna musu wani mai fitilu birjik, an ce yana da muryoyi ɗari biyar, har da na ganga da na sarewa. Ni kuwa nakan ce a ajiye zancen murya tukuna, a fara duba madannai.

Dalilin yana cikin yadda fiyano na asali ke aiki. Wajen shekarar 1700 ne Bartolomeo Cristofori ya ƙera shi a birnin Florence na Italiya. Kayan kiɗa masu madannai da aka fi sani kafin nan tsinkar tsirkiya suke yi, ko ka danna da ƙarfi ko a hankali, ƙarar kusan ɗaya ce. Shi sai ya sa ƙaramar guduma a bayan kowane madanni, ta yadda saurin yatsa ne ke yanke hukuncin ƙarar da za ta fito. Duk abin da nake koyarwa, in an tattara shi, sarrafa wannan gudumar ne. Fiyanon lantarki ba shi da tsirkiya ko ɗaya, amma mai kyau yana da ƙarfe mai nauyi a ƙarƙashin kowane madanni, yana lilo kamar gudumar, da na'urori biyu ko uku masu auna saurin dannawa. Kibod mai araha kuwa sifirin ne kawai ke maido da madanninsa sama.

Ba sai an gaya mini abin da ɗalibi yake da shi a gida ba. Layin farko ya ishe ni. Wanda ya saba da sifirin, da ya zauna gaban madannai masu nauyi sai ka ga gaɓar farko ta yatsunsa tana lanƙwashewa ciki, ƙaramin yatsa da na kusa da shi ba sa kai madanni ƙasa, sautin ya fito a yanke. In na ce ya sassauta, sai sautin ya ɓace gaba ɗaya. In na ce ya ƙara, sai ya shiga duka da kafaɗa. Ya yi atisaye, ba ragwanci ba ne. Hannunsa ne ya koyi wani kayan kiɗa daban, kuma warware wannan sabon ya fi koyar da sabon shiga wuya. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Shi ya sa nake ce wa mai saye ya mayar da murya sifiri ya danna a shiru. Ya fara daga hagu ya tafi dama: a mai kyau, madannan hagu sun ɗan fi nauyi, suna sassautawa in ana hawa, domin a na asali gudumomin sautin ƙasa sun fi girma. Ya buga madanni ɗaya da sauri sau da yawa, ya ga ko yana dawowa kafin yatsa ya sake sauka. Sannan gwajin da mutane suka fi mantawa: ya danna can ciki, kusa da inda madannin ya shige jikin akwatin. In wurin ya yi tauri ƙwarai fiye da bakin madannin, to gajere ne daga ciki, kuma ranar da aka fara kiɗan da ke cusa yatsu tsakanin baƙaƙen madannai za a ji a jika.

Cikakken fiyano madannai 88 gare shi, farare 52, baƙaƙe 36. Mai 61 zai kai ɗalibi 'yan watanni, daga nan hannun hagu ya fara laluben abin da babu.

Masu sayarwa suna son lambobi, musamman adadin sautin da na'urar ke iya riƙewa lokaci guda: 64, 128, 192, 256. Mutum zai ce ai yatsu goma ne, me za a yi da 64? Feda, wato abin da ake takawa da ƙafa don sauti ya daɗe, ita ce ke cinye su. In ka taka ta, duk sautin da ka buga yana ci gaba da amo, suna taruwa, in adadin ya cika sai na'urar ta fara yanke tsofaffin. Duk da haka ban ɗauki wannan abin tada hankali ba. Fiyanon lantarki na Yamaha samfurin P-45 sauti 64 yake riƙewa, kuma ya ishi mai koyo tsawon lokaci. Daga 128 zuwa sama, a daina lissafi. Fedar kanta ta fi cancantar a kula. Yawancin masu sauƙin ɗauka suna zuwa da wata 'yar roba mai kusurwa huɗu da ke tsere wa ƙafa a kan daɓe, kuma kunnawa da kashewa kaɗai ta sani. A nemi mai siffar feda ta gaske, a kuma tambaya ko fiyanon yana gane rabin taku, wato in an taka fedar rabi ba a kai ta ƙasa ba.

Murya fa? Tana da muhimmanci, amma tana da magani. Yawancinsu naɗar sautin babban fiyano aka yi aka zuba a ciki, kuma sau da yawa ƙananan lasifikokin ne ke ɓata shi. Sa abin sauraro mai kyau a kunne, sai ka rantse wani kayan ne daban. Tun 1983 aka fito da MIDI, tsarin da ke ba kayan kiɗan lantarki damar aika wa juna saƙo, kuma albarkacinsa kana iya jona fiyanon da kwamfuta ka aro muryar da ta fi tasa. Madannai kuwa yadda ka saye su haka za ka zauna da su. A ganina Yamaha, Roland, Kawai da Casio duk suna da masu nauyin kirki, bambancinsu na ɗanɗano ne, kuma hannun mai kaɗawa ne ya kamata ya raba gardama.

Akwai abin da shiga gidajen ɗalibai ya koya mini wanda ba ya cikin takardar kowane kamfani. Fiyanon da ake naɗewa a tura ƙarƙashin gado ba a kaɗa shi. Wanda ke tsaye a wurinsa, da kujerarsa, a jone da wuta, yaro zai wuce ya taɓa ko ba a ce masa ba. Ƙafar ɗora fiyano mai siffar X tana rawa in an buga da ƙarfi, kuma takan tokare gwiwa. Ta katako da aka yi wa fiyanon ta fi. Kujera ta kasance daidai yadda daga gwiwar hannu zuwa wuyan hannu zai miƙe a saitin madannai. Masu zama a bene kuma su sani cewa abin sauraro yana ɓoye kiɗa ne kawai, ƙwanƙwasar madannan tana bin ƙafar fiyanon ta sauka wa na ƙasa, sai an shimfiɗa darduma mai kauri.

Na asali yana da tsirkiya wajen 230, kuma yana son mai saiti ya zo aƙalla sau ɗaya a shekara. Na lantarki ba ruwansa da wannan, amma yana tsufa ta wata hanya: robobin da ke ƙarƙashin madannai kan gaji, ƙura ta shiga, sai ka ji madanni ɗaya yana ihu ko da an shafa shi a hankali. Wanda zai sayi na hannu ya zauna ya bi duka 88 ɗaya bayan ɗaya, kowanne a hankali sannan da ƙarfi, ya taka feda, ya gwada ramin abin sauraro kafin ya biya.