Kakanmu da bai kai Makka ba

Tun muna yara a Kano labari ɗaya muka sani: ƙanen kakanmu ya tafi aikin hajji a ƙafa, ya rasu a Makka. Har tutiya ake da shi a gidan. Sai bara wani mai fataucin shanu ya zo mana da saƙo, wai muna da dangi a Injamena, babban birnin Chadi.

Daga Maiduguri muka bi ta Dikwa zuwa Gamborun Ngala da rakiyar soja. Muka tsallaka Fotokol a Kamaru, na canja nairata zuwa sefa, na ga ta zama ba a bakin komai ba. Mun kwana a Kusiri, garin da Faransawa suka kashe Rabe, mayaƙin nan da ya ci Borno, a 1900. Da safe na hau acaɓa, muka haye gadar Ngeli a kan kogin Logon, sai ga ni a Chadi.

A gidan na tarar da 'yar ƙanen kakan namu, tsohuwa tukuf. Na durƙusa na ce, "Gwaggo, ina wuni?" Ta ƙura mini ido, can ta ce, "Goshin babana ne wannan." Hausarta irin ta da ce, wadda rabona da jinta tun kakata na raye, sai dai Larabcin Chadi na faɗowa ciki jefi-jefi. Jikokinta kuwa da Larabci da Faransanci suke hira, Hausar sai gaisuwa.

Ita ta warware mini zancen. Guzuri ne ya ƙare masa a nan, lokacin ana kiran garin Fallomi, kafin a sauya masa suna a 1973. Mahajjatan ƙafa haka suke yi: a tsaya a yi sana'a, a tara, a wuce Abece, a shiga Sudan. Shi sai ya kama ɗinki, ya yi aure, shekara ta bi shekara. Kunyar komawa gida ba Alhaji ba ita ta hana shi ko da aika wasiƙa. Ni dai ban ga laifinsa ba. Na san bakin mutanen gidanmu.

Ta ce a nan har gobe 'yan Najeriya ake ce musu, alhali ba wanda ya taɓa ganin Dala.

Ranar da zan taho ta riƙe hannuna ta ce, "Ɗana, rijiyar nan ta ƙofar gida da yake yawan faɗa, tana nan?"

An cike ta tun kafin a haife ni. Na ce mata tana nan.