Watan da aka hana mu rubuta magana

Lokacin da nake koyon rubuta labarin fim, malaminmu ya ce wata guda cur kada kowa ya sa wa ɗan wasa magana a baki. Sai ya riƙa kunna mana gajerun finafinan Faransa na farkon ƙarni na 20, waɗanda ba a jin murya a cikinsu. Raina bai so ba, domin a lokacin hirar 'yan wasa ce abin da na fi gwanancewa a kai.

Wanda ya tsaya mini a rai shi ne Histoire d'un crime, wato tarihin wani laifi, wanda Ferdinand Zecca ya shirya wa kamfanin Pathé a 1901. 'Yan mintuna ne kawai. Ɓarawo ya yi kisa, an kama shi yana shagali da kuɗin, an kai shi gaban gawar, an jefa shi kurkuku. Kyamara tana kafe wuri guda, kowane fage kamar hoton bango, kuma dama daga mutum-mutumin kakin zuma na gidan Grévin da ke Paris aka ɗauko labarin.

Fagen kurkukun na yi ta maimaitawa. Mutumin yana barci a kan gado, masu gadi na gefe, sai rayuwarsa ta baya ta bayyana a jikin bango sama da kansa: gidansu, iyalinsa, sannan caca da giya. Da ni ne, da na ba shi shafi biyu yana kuka yana faɗin nadama. Zecca ya bar shi kwance, ya bar mai kallo ya haɗa abin da kansa, tausayin kuma ya fi shiga jiki. Daga nan na fara tambayar kaina kafin kowane layi: ina mutumin yake tsaye, me ke hannunsa, wa ya juya wa baya?

Mun kuma kalli fim ɗin 1908 kan kisan Duke na Guise, wani basaraken Faransa, wanda Camille Saint-Saëns ya tsara wa kiɗa na musamman. A ganina bai kai na Zecca taɓa zuciya ba, amma ya nuna mini yadda tafiyar mutum a hankali ke tsorata mai kallo.

Da watan ya ƙare, na koma kan wani fage da na rubuta, inda uwa ke yi wa ɗanta faɗa kan kuɗin da ya ɗauka. Na goge maganar duka. Na bar ta ta buɗe kwanon da take ajiya, ta rufe, ta zuba masa abinci.