Karatun faladiyam daga Gusau

Duk wanda ya ɗauki darasin kimiyyar ƙarafa masu haɗe da kabon ya san zanen nan na da'ira: faladiyam, wani ƙarfe mai tsada, ya kutsa tsakanin kabon da sinadarin buromin, ya karɓo wani kabon daga sinadarin boron, ya ɗaura su, sannan ya fito yadda ya shiga. Dillalin kasuwar Shinkafi ke nan, sai dai shi ba ya karɓar la'ada. Wannan aikin, wanda Akira Suzuki ya wallafa a 1979, shi ya kai shi ga kyautar Nobel ta 2010 tare da masana kimiyya Richard Heck da Ei-ichi Negishi, kuma da shi ake haɗa losartan, maganin hawan jinin da ake saye a kemis.

A littafin da Robert Crabtree ya rubuta kan wannan fanni komai tsaf yake. Ka ƙirga elektiron da ke kewaye da ƙarfen, 16 ko 18, ka san inda ƙarfen zai karɓa da inda zai saki. Hadda ba ta kai ɗalibi ko'ina a nan, kuma ƙirgar da na koya ita ce har gobe nake dogaro da ita.

Amma shekarar binciken digirina ta koya mini fara karanta kowace maƙala daga ƙarshenta, wurin da suke bayanin yadda aka yi gwajin. Nan za ka gane ko aikin zai yiwu a Gusau. In ka ga an ce a yi shi cikin akwatin da aka cire wa oksijin, aka cika shi da iskar agon, to ka rufe kawai. Faladiyam haɗe da sinadarin fosfin, wani gari rawaya, ba ya shiri da iskar oksijin. Ka bar kwalbar a buɗe, launinsa ya dushe. A tukunyar gwaji kuwa sai ka ga baƙin ƙura ta kwanta a gindi, alamar ƙarfen ya dunƙule ya daina aiki. Kuɗi ne suka ƙone, domin yawancin faladiyam daga Rasha da Afirka ta Kudu yake fitowa, da dala ake sayensa.

Shi ya sa malamina ya karkata ni ga hanyar Suzuki. Sinadaran boron ɗinta suna jure ruwa da iska, ga potasiyam kabonet mai araha, faladiyam kuma kashi 1 zuwa 5 cikin ɗari ya wadatar. Ya ce, "Ɗana, busa naitirojin cikin ruwan ya kore oksijin kafin ka zuba ƙarfen." Yanzu maƙalun ƙarfen nikel nake bi, tunda ya fi faladiyam araha nesa ba kusa ba, ko da yake shi ma yana da nasa tsirfar da iska.