Karen da Aka Bar wa Dukiya

A makon jiya na kalli wani tsohon wasan talabijin na Amurka daga jerin Alfred Hitchcock Presents da aka fara nunawa a 1955, irin mai hoto baƙi da fari wanda ba ya wuce rabin awa. Sunan wasan "Craig's Will", an nuna shi a 1960, kuma Dick Van Dyke ne ya fito a matsayin saurayin da ya ɗora rai a kan gado. Da attajirin da yake sa ran zai gada ya rasu aka karanta wasiyya, sai aka tarar ya bar wa karensa dukiyar, da sharaɗin ba za ta koma hannun saurayin ba sai bayan mutuwar karen. Budurwarsa, wato Stella Stevens, ba ta ga dalilin jiran ajali ba, don haka ta shiga neman hanyar da za a aika karen barzahu.

An shirya wasan ne don raha, amma ni mamacin na fi zargi a kan budurwar, domin duk wanda ya ɗaura arzikin mai kwaɗayi a wuyan dabbar da ba ta magana, to shi ya wasa wuƙar da kansa. Wanda ya tashi inda wasiyya ba ta wuce sulusi, inda akuya da jaki su ma cikin kayan gado ake lissafa su, zai ɗauka tatsuniya ce. Ko a Amurka dabba ba ta mallakar komai a shari'a, amana ake danƙa wa wani ya riƙa ciyar da ita. Haka Leona Helmsley, wata attajira mai otal-otal a Amurka, ta bar wa karyarta dala miliyan 12 da ta rasu a 2007, kafin alƙali ya rage zuwa miliyan 2.

Maƙwabci kuwa yana da nasa rawar a wannan jerin. A "Miss Paisley's Cat" na 1957, wata tsohuwa ce da ba ta da kowa sai kyanwarta, ga kuma maƙwabcin da ya tsani ganin kyanwar a ɗakinsa, har rigimar ta kai ga zubar da jini. Wannan ya fi tsaya mini a rai, wataƙila domin na taɓa ganin gidaje biyu a unguwarmu sun yi shekara ba sa gaisawa a kan wata tunkiya da marigayiya kakarsu ta bari.