Yadda muka ja da gwamnati a kotu kan filin babanmu

Ni da farko da gwamnati ta karɓe filin na ɗauka abu ne mai sauƙi, fili na babanmu ne kowa ya sani, mu je kotu a ba mu abinmu kawai. Ranar da na fara zama da lauya sai da ya bari na gama kumfar bakina tas sannan ya ce ranka ya daɗe, ka san tun 1978 dokar amfani da ƙasa ta Najeriya ta damƙa ƙasar jiha a hannun gwamna a matsayin amana? Wai mu haƙƙin zama kawai gare mu, kuma sashe na 28 ya ba shi ikon sokewa in dai don amfanin jama'a ne. Wallahi jikina ya yi sanyi.

Sai ya jefo min tambayar da ashe ita ce shari'ar gaba ɗaya, an kawo muku notis? Na ce wane notis, mu fa katafila kawai muka gani da safe. Ya ce to nan za mu tsaya, don sashe na 44 ya faɗi yadda ake isar da sanarwa ga mai fili, in ba a bi ba sokewar ba ta zauna ba. Ga shi an ce makaranta za a gina amma sai muka ga an yanka fulotai ana ba wasu mutane, wannan kuma ba amfanin jama'a ba ne.

Abin da ya cece mu takardu ne, ba surutu ba. Rasit ɗin kuɗin ƙasa da Baba yake biya, suna cikin wata tsohuwar akwatin ƙarfe ta Inna, wasu gara ta ci gefensu amma hatimin na nan. Dattijon da muka dogara da shi a matsayin shaida kuwa Allah ya yi masa rasuwa kafin a zo kansa, saboda yau lauyan gwamnati bai zo ba gobe fayil bai iso ba, ana cikin haka aka canza alƙali aka koma farko. Da na sani da tun ranar farko na matsa a fara da shi.

Saura kaɗan ma ƙanena ya ɓata mana komai, ya je zai karɓi diyya a ɓoye don ya gaji. Diyyar ma ta gini da shuka ce ba ta ƙasar kanta ba, kuma in ka sa hannu ka karɓa da wane baki za ka ce ba ka yarda ba?

Babbar kotun jiha dai ta ce sokewar ba ta bi ƙa'ida ba. Mun yi murna har da kuka, sati uku bayan nan aka kawo mana takardar ɗaukaka ƙara. Katangar da suka zagaye filin da ita tana nan har yanzu, jiya ma na wuce ta wajen.